Kurnar Nasara Ba Kurna Ba Ce

Akwai wata itaciya da ake dasawa don ado a harabar makarantu da coci-coci, ana ce mata kurnar nasara. Sunan nan shi ya fi damunmu mu malamai. Yaro ya ji an ce kurna, ya ga 'ya'ya rawaya sun zuba a ƙasa, sai ya kai baki. Alhali 'ya'yanta guba ne.

Mu a nan Mazanya kan iyaka muke. Mutum kan karɓi dashe a hannun ɗan'uwa daga Maraɗi ko Katsina, a ce masa bedi ne, ya dasa. Da yake dangin juna ne, suna kama ƙwarai tun suna ƙanana. Dukansu baƙi ne daga nahiyar Asiya; shi bedi, wato dogon yaro, a Borno aka fara dasa shi a 1928.

To, ɗalibai, ku duba da kyau. Kurnarmu ta gado tana da ƙaya, wannan ba ta da ita. Ganyen bedi sanda ɗaya ne, da ƙananan ganye dama da hagu; na kurnar nasara kuwa sandar takan sake rabuwa, kowane reshe da nasa ganyen. Furen bedi fari ne, nata shunayya ne mai ƙamshi. Ɗan bedi dogo-dogo ne. Nata kewayayye ne, yakan daɗe a sama har ya yanƙwane, ƙwallonsa kuma yana da tsaga-tsaga, har carbi ake yi da shi a wasu ƙasashe.

Wasu kan ce ai tsuntsaye suna ci. Cikin tsuntsu daban, namu daban. Mutum ya ci, sai amai da zawo da kasala, in ya yi yawa har numfashi ya sarƙe. Aladu da karnuka ma tana kashe su.

Ba mu ce a sare ta ba, inuwa tsada gare ta a ƙasar Jibiya. Amma kada a dasa ta kusa da ajin ƙananan yara, kuma masu shara su kwashe 'ya'yan kowace safiya. In yaro ya riga ya ci, kada a tsaya ba shi manja ko a sa masa yatsa a maƙogwaro. A garzaya da shi asibiti, a tafi da reshe mai ganye da 'ya'ya don likita ya gani.