Zomon Gida Da Kusurwarsa

Mutanen Birnin Gwari sun san zomo tun kaka da kakanni, gama dajin Kamuku, wanda aka keɓe tun 1936, a ƙasarsu ya ke. Amma zomon da suka sani na daji ne, shi kuwa ba ya zaman gida. Yaro ya kan tsinci ɗansa cikin ciyawa, ya kawo gida da murna, bayan 'yan kwanaki ya ƙi ci, ya mutu. Zomon gida iri ne dabam, asalinsa daga Turai. Tsirara a ke haihuwarsa, ido a rufe, sai ya yi kamar kwana 10 kafin ya buɗe.

Abin da ya kan raba wannan zomo da gida ba cinsa ba ne, ƙazanta ce. Malamanmu na mazhabar Maliki sun ce kashin dabbar da a ke cin namanta ba najasa ba ne, amma uwargida da ta tarar da shi bisa tabarmarta ba za ta tsaya jin fatawa ba. Wuƙa za ta aika a ɗauko, yaro kuwa ya kwana yana kuka. Alhali kuwa zomo ya fi akuya tsabta nesa ba kusa ba.

Ga dalili. Zomo da kansa ya kan zaɓi kusurwa guda inda zai riƙa fitsari da yawancin kashinsa. Aikin mai kiwo shi ne ya lura da wurin. A tsare zomon a ƙaramin ɗaki ko keji, a ga inda ya zaɓa, sa'an nan a ajiye tsohon faranti mai faɗi a nan, a zuba yashi da busasshiyar ciyawa, a tsinto kashinsa kaɗan a sa ciki domin ya ji warinsa. A rataya harawa daidai bisa farantin, don zomo yana ci ne yana kashi. In ya sake kusurwa, kada a yi gardama da shi, a bi shi da farantin. Inda ya ɓata kuwa a wanke sarai, don wari ne ke komo da shi.

Duka ba ta da amfani ko kaɗan. Ƙashin bayansa ba shi da ƙwari, tsoro kuma ya kan sa ya manta abin da ya koya. In namiji ya kai wata 4 zuwa 6 ya kan warwatsa kashi don nuna iyakarsa; wannan balaga ce, ba taurin kai ba. Haka nan in an ga yana cin wani kashi mai laushi, a ƙyale shi, abincinsa ne na biyu.

A zubar da farantin kowace safiya a gindin tumatir ko alayyafo, gama takin zomo ba ya ƙona shuka kamar ɗanyen kashin kaji.