Kogon Ƙarau Na Ƙarƙashin Rima

Mu da muka tashi a tsakanin Wurno da Rabah da Goronyo muna da wani kogo wanda babu mai iya nuna ƙofarsa, amma kowannenmu ya san cikinsa kamar ɗakin uwarsa. Mu muka ƙaga shi da bakinmu tun muna ƙanana. Dalilinsa kuwa wasu 'yan duwatsu ne masu ƙyalli kamar fasasshen ƙarau, waɗanda muke tsinta a gindin tsauni bayan ruwa ya zaizaye ƙasa. Idan ka ɗaga ɗaya ka duba rana sai ka ga haske yana ratsa shi, idan ka sa farce sai ya karce shi. Muka yanke hukunci cewa ɓarɓashin bangon wani gida ne na ƙarƙashin ƙasa, inda ginshiƙai da rufi duk irin wannan dutse ne.

Da yake mun ji labarin Ashabul Kahfi a makarantar allo, waɗanda suka yi barcin shekara 309, sai muka ba kogonmu iko a kan lokaci. Muka ce wanda ya kwana ɗaya a ciki zai fito ya tarar da ƙannensa da furfura. Muka ce wanda ya sa dutsen a ƙarƙashin matashi zai yi mafarkin abin da ya wuce tun kafin Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya kafa ribaɗi a Wurno, inda aka rufe shi a 1837. A hankalinmu na lokacin, nan ne iyakar tsufan duniya.

Ashe ƙasar da muke takawa ta fi tatsuniyarmu nisa. Masana ilmin duwatsu sun tabbatar cewa shekaru kusan miliyan 70 da suka shige, wannan kwari namu ƙarƙashin teku yake, wani reshen ruwan gishiri da ya ratso inda Sahara take a yau. Laka da yashin da suka kwanta a gindinsa su ne suka daskare hawa-hawa, har masanan suka raɗa wa hawan sunayen garuruwanmu: Taloka a ƙasa, Dukamaje a tsakiya, Wurno a sama. Dutsen nan mai ƙyalli shi ake kira jifsum, kuma daga gishirin wancan ruwa ya samu.

Ba dutse kaɗai tekun ya bar mana ba. A 1930 wani masani ɗan Birtaniya, Swinton, ya yi bayanin wasu ƙasusuwa da aka haƙo a lardin Sakkwato, ya ce na wata ƙatuwar dabbar ruwa ce dangin ƙadangare. Daga baya masana daga jami'ar Fulorans ta Italiya, cikinsu har da Azzaroli, suka zo suka sami ƙarin ƙasusuwa da ƙoƙon kai, a 1972 suka sa mata suna Goronyosaurus, wato ƙadangaren Goronyo. Yau duk inda ake nazarin irin waɗannan dabbobi a duniya sai an ambaci garinmu. To, a cikinmu mutum nawa ne suka taɓa jin sunan?

Shi ma kogon, ashe akwai shi, sai dai ba a nan ba. A shekarar 2000 masu haƙar ma'adinai a Naika ta ƙasar Meziko suka faɗa cikin wani ɗaki kimanin mita 300 a ƙarƙashin ƙasa, cike da ginshiƙan jifsum, wasu sun haura mita 10 a tsawo. A wancan lokacin zafin wurin ya wuce digiri 50, ba a iya daɗewa ciki sai da rigar sanyaya jiki. Ginshiƙan sun yi dubban ɗaruruwan shekaru suna girma a cikin ruwan ɗumi, a hankali ƙwarai. Irin dutsen da muke cika aljihu da shi ne, bambancin kawai nasu ya sami natsuwar da namu bai samu ba.

Batun iko a kan lokaci ma ba mu faɗi ƙasa warwas ba. Ana niƙa jifsum kaɗan a cikin siminti domin ya jinkirta daskarewarsa, in ba haka ba kwaɓin zai sandare tun magini bai ɗauki cokali ba. Saboda haka ne ake tono shi a yankinmu, tun da kamfanin siminti na Kalambaina yana kusa. Ba mu ga laifin mai tono ba, don ruwan da ya dake ka shi ne ruwa, kuma talaka abincinsa yake nema. Abin da ke damunmu shi ne, a hawan ƙasar da jifsum yake, nan ƙasusuwan suke. Diga ba ta san haƙorin dabbar teku ba, kuma abin da ya kwana miliyoyin shekaru yana iya zama gari cikin yini guda ba tare da an rubuta inda aka same shi ba.

Nan ne nauyi ya hau kanmu, mu marubuta. Mun iya ba 'ya'yanmu tarihin Sardauna Ahmadu Bello ɗan Rabah, mun iya kai baƙo ya ga madatsar ruwan Goronyo, amma ba mu rubuta musu ko ɗan littafi guda da Hausa a kan tekun da ke ƙarƙashin gonakin albasarsu ba. Muna son malamin firamare ya kai ɗalibansa gindin tsauni su tsinto dutsen da hannunsu. Muna son mai tono ya san cewa in ya ci karo da ƙashi mai nauyin dutse, akwai masana a jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da ya kamata su gani. Yaran da ke tasowa za su ƙaga nasu kogon ko mun so ko ba mu so ba, haka yaro yake. Namu shi ne mu tabbata idan sun girma sun zo neman gaskiyarsa, za su tarar da sauran abin dubawa. Allah Ya sa mu dace.