Kurman Adadi Tsakanin Rubu'i da Sulusi

Sau da yawa nakan ji 'yan'uwana ɗalibai na sashen kimiyya suna cewa wai Hausa ta waƙa ce da tatsuniya, ba ta iya ɗaukar lissafi. Ni kuwa sunayen kason lissafi a bakin malaman rabon gado na fara jin su: sulusi, rubu'i, sudusi, sumuni. Matar mamaci rubu'i gare ta in bai bar ɗa ba, sumuni in ya bari. To, bari in ɗauki biyu daga ciki, rubu'i da sulusi, in nemo wani adadi a tsakaninsu wanda shi ba kaso ba ne ko kaɗan.

Akwai irinsa kuwa? Akwai. Tun zamanin almajiran Fitagoras mutanen Girka suka gano cewa in an zana murabba'i mai kamu ɗaya kowane gefe, tsawonsa daga kusurwa zuwa kusurwar da ke fuskantarta ba ya rubutuwa da cikakken adadi bisa wani cikakken adadi. Malaman lissafi masu rubutu da Larabci, tun zamanin Alhawarizmi a Bagadaza cikin ƙarni na 9, suka kira irin wannan adadi asammu, watau kurma. Sunan ya yi mini daɗi, don haka ni ma kurman adadi zan ce.

Yadda ake gane shi ke nan. Kowane kaso, in ka raba na sama da na ƙasa, ɗayan biyu ne: ko rabon ya ƙare, kamar rubu'i da ke ba da 0.25, ko ya riƙa maimaita kansa, kamar sulusi, 0.333 har abada. Dalili kuwa, saurar da ke raguwa ƙidayayya ce. In kana rabawa da 7, saura ba ta wuce 1 zuwa 6, tilas wata ta komo, kuma da ta komo sai zance ya sake daga farko. Shi ya sa subu'i ke zagaye 142857 kamar jakin da aka ɗaure a turke. Ashe duk adadin da bai ƙare ba, bai kuma maimaita ba, ba kaso ba ne.

Saboda haka sai in rubuta 0.3010010001, in yi ta tafiya, kowane karo ina ƙara sifiri guda kafin in sa 1. Ya fi 0.25, bai kai 0.333 ba, kuma ba inda zai maimaita, tun da jerin sifirin kullum tsawo yake ƙarawa. An gama. Wannan hanya ita na fi so, domin yaron firamare ma zai iya ƙera nasa da hannunsa.

Masu son gajeren rubutu suna da tasu. Rubu'i sau rubu'i 1 bisa 16 ne, sulusi sau sulusi 1 bisa 9. Ushiri yana tsakaninsu, don haka tushensa, watau adadin da in an buga shi sau kansa zai ba da ushiri, yana tsakanin rubu'i da sulusi, wajen 0.3162. Kurma ne, don babu cikakken adadin da za a buga sau kansa ya ba da 10. Amma fa a yi hattara wurin zaɓe: 9 bisa 100 ma yana tsakani, tushensa kuwa 3 bisa 10 ne, kaso garau.

Abin da ya fi ɗaure mini kai shi ne yawansu. Kome ƙanƙantar ratar da ke tsakanin kaso biyu, kurame ba iyaka a cikinta. A 1874 Bajamushen nan Georg Cantor ya buga hujjar da ta nuna adadin da ke kan layi ba su jeruwa ɗaya bayan ɗaya, alhali kaso duka suna jeruwa. Watau tsakanin rubu'i da sulusi kaɗai, kurame sun fi dukan kason duniya yawa.