Wata Ɗaya a Sararin Duniyar da Babu Ita

A ƙarshen juzu'i na uku na The Lord of the Rings, wanda ya fito a Ingila cikin Oktoban 1955, akwai shafuka masu yawa da akasarin masu karatu kan tsallake. Labari ya ƙare, an halaka zoben, amma J.R.R. Tolkien bai ajiye alƙalami ba. Ya ɗora rataye guda shida, biyu daga ciki a kan lokaci kaɗai: ɗaya jerin shekaru ne, ɗaya kuma bayanin kalanda. Ya rubuta su da muryar manazarcin da ke aiki a kan wani tsohon kundi mai suna Jan Littafi, yana kwatanta lissafin wannan al'umma da na waccan, har yana nuna inda yake shakka. Kundin kuwa bai taɓa wanzuwa ba, haka ma al'ummomin.

Kalandar Hobbit, gajerun mutanen nan masu son abinci da zaman lafiya, ta cancanci a tsaya a kanta. Shekararsu wata 12 ce, kowane wata kwana 30. Sauran kwana biyar ba sa cikin kowane wata: biyu a mahaɗar tsohuwar shekara da sabuwa, uku a tsakiyar shekara. Dabarar tana cikin na tsakiyar ukun nan, domin ba a ba shi sunan kowace rana ta mako ba. Da an cire shi sai a bar kwana 364, wato mako 52 cif. Saboda haka kowace shekara Asabar take kamawa, Juma'a take ƙarewa, kuma wanda aka haifa ran Litinin, ran Litinin zagayowar haihuwarsa za ta riƙa faɗowa har ya mutu. Hobbit kuma da nasu farkon tarihi: sai an debe 1600 daga lissafin manyan masarautu kafin a sami nasu, don haka 3019, shekarar da aka halaka zoben, ita ce 1419 a wurinsu. Wanda ya saba juya Hijira zuwa Miladiyya ya san irin wannan ɗan lissafin.

Kalanda dai kowa na iya ƙirƙira. Wata shi ne ya ba marubucin wuya. A 1944, lokacin da yake aika babuka ga ɗansa Christopher da ke horon sojan sama a Afirka ta Kudu, Tolkien ya koka a wasiƙunsa cewa watan labarinsa na yin abin da ba zai yiwu ba. Ayarin jaruman ya riga ya watse, wasu gabas, wasu yamma, kuma idan ɗaya ya ga cikakken wata a daren da ɗan'uwansa ke kallon jinjiri, duniyar ta tsage gida biyu. Ya shafe kwanaki yana gyara kuskuren kwana ɗaya ko biyu. Mafitar da ya samu ita ce aron watan gaske: ya bi tsayuwa da cikar wata na 1941 zuwa 1942, ya ɗora tafiyar jarumansa a kai.

Ana iya cewa wannan ɓata lokaci ne, tunda ba mai karatun da zai zauna da takarda yana binciken wata. Hujjar tana da ƙarfi, kuma gaskiya ne ratayen a bushe yake, ba ya karantuwa kamar labari. Sai dai ribar wahalar a cikin labarin take fitowa. Akwai daren da Pippin, bisa doki zuwa birnin Minas Tirith, ya ɗaga kai ya ga wata yana tunanin ko Frodo na raye. A wannan daren Frodo na can Ithilien yana kallon watan nan yana faɗuwa. Ba su da wasiƙa, ba su da manzo. Abin da ya haɗa su lissafin da marubucin ya ɗaure kansa da shi ne, bayan yana da ikon ya ƙaga duk abin da ya ga dama.

Inda lissafin ya karye ma, da gangan aka karya shi. Jinsin Elf, waɗanda tsufa ba ya kashe su, suna ƙidaya da wata doguwar shekara mai suna yén, daidai da shekarun rana 144. Da ayarin ya baro dajinsu na Lothlórien, Sam ya dubi wata daga cikin kwale-kwale ya ruɗe: a zatonsa 'yan kwanaki suka yi, alhali wata guda cur ya wuce. Mai karatu na jin nauyin wannan ruɗani ne domin a ko'ina cikin littafin kwana kwana ne, ba ya ƙaruwa, ba ya raguwa.

Masu nazari sun gina a kan wannan harsashi. A 1981 Karen Wynn Fonstad, masaniyar zanen taswira a Amurka, ta fitar da The Atlas of Middle-earth, inda ta bi hanyoyin jaruman zango bayan zango da kwanakinsu. Jadawalin da Tolkien ya zana da hannunsa kuwa yana ajiye a Jami'ar Marquette da ke Milwaukee: kwanan wata a jere a gefe, sunayen jarumai a sama, kowane gida na faɗin inda mai shi ya kwana a daren.