Kek ɗin daren 31 ga Oktoba

Mu ne 'yan'uwanku ɗalibai da ke jihar Indiyana ta Amurka. Mu bakwai ne a garin nan da muke taruwa ran Asabar mu yi addu'a da Hausa, kuma akwai wata magana da ta raba mana ra'ayi a watan jiya wadda muke so ku ji.

A nan, da Oktoba ya kama, ganye ya soma ja yana zuba, sai ka ga kabewa a ƙofar gidaje an fafe ta an yanka mata ido da haƙora. Shirin Halowin ke nan, bikin daren 31 ga wata. Sunan na ikilisiya ne, ma'anarsa jajiberin ranar tunawa da dukan tsarkaka, wadda ake yi ranar 1 ga Nuwamba fiye da shekara dubu yanzu. Sai dai ya gauraya da tsohon bikin ƙarshen kaka na mutanen Ayalan da Sukotlan, waɗanda suka ɗauka matattu kan kusanto masu rai a wannan dare. 'Yan Ayalan da yunwar shekarun 1840 ta koro ne suka ƙarfafa shi a Amurka. Yau galibinsa alewa ce da yara masu shigar dodanni suna bin gida-gida.

Maƙwabciyarmu, tsohuwar da muke ce wa Mama, ita ke kai mu sujada a motarta in sanyi ya tsananta. Ta gayyace mu liyafar unguwa, ta ce mu kawo kek mai ban tsoro, har ta nuna mana hoton irin wanda ake yayi: kek ɗin maƙabarta. Cakulan ne, an daka biskit ɗin Oreo an barbaɗa ya zama ƙasa, an kafa wasu biskit a tsaye kamar duwatsun kabari, ga hannun sukari yana fitowa daga ciki.

Ɗan'uwa ɗaya a cikinmu ya ce ko ƙofar wurin ba zai taka ba, gama haske ba shi da tarayya da duhu. Wani ya ce fulawa da ƙwai ne kawai, kuma ƙin zuwa cin fuska ne ga wadda ta riƙe mu kamar jikokinta. Ya kuma tuna mana a ranar 31 ga Oktoba ta 1517 ne Martin Luta ya fitar da batutuwansa 95 a Witinbag, don haka ranar ba ta Shaiɗan ba ce. Muka buɗe Romawa sura 14 da 1 Korintiyawa sura 8, inda Manzo Bulus ya yi maganar abinci da lamiri da sa ɗan'uwa tuntuɓe. Kowa ya sami abin da ya goyi bayansa a ciki, kamar yadda aka saba.

'Yar'uwarmu 'yar Mubi ba ta ce komai ba sai can ƙarshe. Ranar 29 ga Oktoba ta 2014 'yan Boko Haram suka shiga garinsu, tana yarinya, suka gudu da ƙafa. Kawunta bai fito ba, kuma har yau ba su san inda kabarinsa yake ba. Ta ce za ta je liyafar saboda Mama, za ta kuma taya aiki, amma hannunta ba zai jera kaburbura a kan abin da za a yanka ana dariya ba.

Daga nan gardamar ta sauya. A ganinmu, mutanen nan suna wasa da kabari ne domin yawancinsu mutuwa takan same su bayan tsufa. Ba mu zarge su ba, albarka ce. Mu da muka binne matasa 'yan zumuntarmu ba za mu iya aron wannan wasa ba, ko da mun gaskata Almasihu ya ci nasara a kan kabari. Muka daidaita a kan cewa abin tsoron zai zama halittar Allah kawai: gizo-gizo da yanarsa. Ɗaya ya kawo shawarar mujiya, muka ce a'a, in iyayenmu suka ga hoton sai an yi mana taron addu'a.

Aikin kansa ya yi daɗi. Kabewar gwangwani muka sa, ita ce a kowane kanti a wannan lokaci, ta fi tamu ta miyar taushe laushi. Muka haɗa fulawa kofi biyu, sukari, ƙwai huɗu, mai, hodar tashi, kirfa, citta da ɗan kanumfari. Tandun nan da ma'aunin Amurka yake aiki, digiri 350, wato wajen 180 a namu, muka ba shi minti 35 har tsinke ya fito a bushe. Sai ya huce sarai kafin a shafa masa komai, in ba haka ba cakulan ya narke ya tsiyaye. Baƙin launi na kwalba yana da ɗaci, yana kuma rina haƙora, saboda haka da baƙin koko muka yi lulluɓin. 'Yar Mubi ce ta zana yanar. Ta zuba farin kirim a leda ta huda kusurwa, ta yi da'irori biyar ɗaya cikin ɗaya, ta ja tsinke daga tsakiya zuwa baki sau takwas tun lulluɓin bai daskare ba. Zabibi da siraran cakulan suka zama gizo-gizo uku.

Mu shida muka je. Wani yaro mai shigar ƙwarangwal ya tambayi ina kaburburan, Mama ma ta juyo tana jiran amsa. 'Yar'uwarmu ta ja ta gefe ta gaya mata a taƙaice. Mama ta yi shiru, sannan ta tambayi sunan kawun, ta ce a majami'arsu akan karanta sunayen waɗanda suka riga mu a Lahadin farko ta Nuwamba, ko za a yarda ta ba fasto nasa. Aka yarda, aka kuwa karanta, ko da yake faston ya sha wuya da furta sunan.

Ɗan'uwan da ya ƙi zuwa bai sauya ra'ayi ba, ya ce baɗi ma haka, kuma bai ɗanɗana yankin da muka ajiye masa ba. Shi ne dai ya zauna kusa da 'yar Mubi a wannan Lahadin. Ku sa iyalinta cikin addu'a, mahaifiyarta tana Yola ba ta da lafiya.