Abin da ke ƙunshe cikin kwaɓi

A kudu maso yammacin ƙasar Jamus, cikin jihar Baden-Württemberg wadda Stuttgart ke babban birninta, akwai wani abinci da mutanen yankin Schwaben ke tinƙaho da shi ƙwarai da gaske. Sunansa Maultaschen. Kwaɓin taliya ne da ake murzawa har ya yi faɗi, a zuba masa niƙaƙƙen nama da alayyahu da burodi da albasa, a naɗe, a yanka shi gunduwa-gunduwa, kowace santimetir 8 zuwa 12. A shekara ta 2009 Tarayyar Turai ta yi wa sunansa rajista, ta yadda ba mai sayar da shi a ce "na Schwaben" ne sai fa in a yankin aka yi shi.

Labarin da ake bayarwa kan asalinsa ya shafi gidan ibadar Maulbronn, wanda aka kafa a 1147, UNESCO kuma ta saka shi cikin kayan tarihin duniya a 1993. An ce malaman Kirista na gidan sun samu nama a tsakiyar azuminsu na kwana 40, lokacin da cin nama ya haramta gare su. Zubarwa asara, ci kuma saɓo. Sai suka niƙa shi, suka cakuɗa da ganye don ya yi kore, suka lulluɓe da kwaɓi, wai don kada a gani daga sama. Almara ce da su kansu mutanen Schwaben ke dariya in suna ba da ita, amma har gobe a ranar Alhamis da Juma'ar da ke gabanin sallar Ista ne aka fi cin abincin.

To, a wani ƙauye na kan tuddan Alb akwai wata tsohuwa da ta ba shekara 80 baya, wadda tun tana amarya ba ta taɓa barin wannan Alhamis ta wuce ba tare da ta tara ƴaƴa da jikoki a kan teburinta ba. Jikanyarta, ma'aikaciyar gwamnati a Stuttgart, ta auri wani saurayi Musulmi. Kakansa na cikin ƴan Turkiyya da suka zo aikin masana'antun mota bayan yarjejeniyar da ƙasashen biyu suka ƙulla a 1961. A karon farko za ta kawo angonta wurin taron, sai ga cikas: haɗin da tsohuwar ta gada daga uwarta rabinsa naman alade ne, wani laushin niƙa da suke kira Brät, wanda mahauci ke tuƙawa da gishiri da ƙanƙara.

Babbar ƴarta ce ta kawo shawara, cikin raha. Ta ce: "Mama, wa zai sani? Ai don a ɓoye nama aka ƙago abincin nan tun farko."

Tsohuwar ta ce: "Ni zan sani. Wanda ya ɗauki abin da bai ga cikinsa ba ya kai baki, ni ya yarda da ni, ba kwaɓin ba."

Akwai wata hanya mai sauƙi, a dafa wa baƙon nasa daban. Ita ma ta ƙi ta, domin a ganinta wanda aka ware wa kwano a tsakiyar dangi an gaya masa matsayinsa ke nan ba tare da an buɗe baki ba. Tukunya ɗaya za a yi, ko da kuwa za a taɓa gadon uwarta.

Ranar Laraba jikanyar ta kai ta garin da ke kusa, shagon wani mahauci ɗan Turkiyya, inda ƙafarta ba ta taɓa takawa ba. Ta sayi giram 500 na naman sa da na ɗan maraƙi, yankan Musulmi, ta hana a cire kitsen, ta sa aka niƙa sau 2, ta haɗa da ƙasusuwan romo. Ta san abin da take gudu: kitsen alade shi ke hana haɗin bushewa, in babu shi sai ya yi gari-gari ya watse a baki. Sabili da haka da ta dawo gida sai ta sanyaya naman a firigo, ta zuba gishiri, ta yi ta tuƙa shi da hannu har ya fara danƙo yana kama yatsu. Gishiri ne ke jawo wannan danƙon daga tsokar, shi kuma ke riƙe haɗin in ya ji wuta.

Da asubahin Alhamis ta kwaɓa giram 400 na garin alkama da ƙwai 4 da ɗan gishiri, ta murza har kwaɓin ya yi santsi, ta rufe shi ya huta minti 30, domin kwaɓin da bai huta ba in an ja shi komawa yake. Kafin nan ta jiƙa ƙananan burodi 2 da suka kwana, ta matse. Ta tsoma giram 300 na alayyahu cikin tafasasshen ruwa, ta matse shi sosai, tunda ruwan ganye shi ke jiƙa kwaɓi ya fashe. Ta soya albasa 2 da man shanu, ta haɗa duka da naman da ƙwai 2 da masoro da gyaɗar ƙamshi.

Murzawa kuwa ta fi ƙarfin hannunta yanzu, sai jikanyar ta karɓa, tana juya injin irin na masu taliya. Tsohuwar na tsaye tana duba: sai in an ɗaga kwaɓin ana hango inuwar yatsu ta bayansa ne ya isa. Suka shimfiɗa shi doguwar ƙyalle, suka shafa haɗin, suka bar baki ɗaya suka shafa masa ruwan ƙwai, suka naɗe. Da ƙotar cokalin katako tsohuwar ta riƙa danna naɗin daki-daki, jikanyar na bi da wuƙa. Aka saka su cikin ruwan gishiri mai zafi na wajen minti 12, wuta ƙasa-ƙasa, don tafasa mai ƙarfi ɓarke su take. Sannu ba ta hana zuwa.

Da rana aka zauna. An fara da su cikin romo, sannan aka kawo wasu da soyayyar albasa a kai da kwaɗon dankalin Turawa a gefe. Kafin a ɗaga cokali tsohuwar ta dubi angon, ta lissafa masa abin da ke ciki ɗaya bayan ɗaya, har da shagon da ta sayo naman. Ya ce: "Oma, ai ba sai kin faɗa ba." Oma dai ita ce kaka a bakinsu. Ta ce gara ya ji daga bakinta. Ya ci, ya ƙara, ya ba su labarin mantı na tasa kakar, wanda shi ma nama ne cikin kwaɓi, amma ƙanana ƙwarai, da kindirmo da tafarnuwa ake cin su.

Babbar ƴar ta ce gaskiya ɗanɗanon bai kai na dā ba. Tsohuwar ba ta musa ba, ta ce ita ma harshenta ya ji, kuma baɗi za ta ƙara kitse da albasa. Washegari aka yanka ragowar aka soya da ƙwai, kamar yadda ake yi a kowane gida na Schwaben. Da yamma ta ɗauko tsohon littafin girkin uwarta, ba ta soke layin Brät ba, sai ta rubuta sabon awo a ƙarƙashinsa da fensir, ta miƙa wa jikanyar ta tafi da shi Stuttgart.