Sakura ko Marka? Abin da na gano a gidan suna a Kebbe

Daren wata Talata a cikin watan Agusta yayata, 'yar baffana, ta haihu a Kebbe. An samu mace. Gari bai gama wayewa ba saƙonta ya shigo wayata: "Ke da kike jami'a, bincika mini ma'anar Sakura. Da shi nake so a riƙa kiran yarinyar nan." Ta ji sunan ne a wani katun na ƙasar Japan da ƙannen mijinta ke kallo, ya yi mata daɗi a kunne. Ni ma ya yi mini. Na yi mata alƙawarin zan zo suna, kuma zan zo da amsa.

Kafin in ci gaba, ƙannena ɗalibai, bari in raba muku Kebbe da Kebbi, don mutane da yawa suna haɗa su. Kebbi jiha ce. Kebbe kuwa ɗaya ce daga cikin ƙananan hukumomi 23 na Jihar Sakkwato, tana can kudu, ta yi iyaka da jihohin Kebbi da Zamfara. Ita da Tambuwal kujera ɗaya suke da ita a Majalisar Wakilai ta Tarayya, kujerar da Aminu Waziri Tambuwal ya riƙe har ya zama kakakin majalisar daga 2011 zuwa 2015. Harafi ɗaya ya raba sunayen biyu, amma in ka kuskure shi a tasha, wata motar daban za a nuna maka.

Ana gobe suna na yi sammako daga Sakkwato, domin a 'yan shekarun nan ba wanda ke son dare ya riske shi a hanya. Muka wuce Boɗinga, muka wuce Shagari, garin tsohon shugaban ƙasa Shehu Shagari, muka ratsa Dogon Daji, muka sauka Tambuwal. A nan na canza mota, muka bar babban titin da ya nufi Jega muka kama hanyar Kebbe. Damina ta kankama. Hagu da dama gero ya fid da kai, dawa ta rufe mutum, fadamu sun cika da ruwa. Gulbin Zamfara, wanda ke ratsa yankin a kan hanyarsa daga Gummi zuwa Jega, shi ne hirar fasinjoji: ina ya kai bana, gonar wa ya ci.

A cikin motar na sake duba abin da na tara a littafina. Sakura sunan furen wata bishiya ce da Japanawa ke ji da ita ƙwarai. Tana yin fure fari mai ratsin ja a ƙarshen Maris zuwa farkon Afrilu, bayan sanyi ya wuce, kuma furen ba ya wuce mako ɗaya ko biyu yake zubewa. Mutane kan fita da tabarmi da abinci su zauna ƙarƙashin bishiyoyin don kallo kawai. Suna kiran wannan al'ada hanami. A watan Afrilu ne kuma ake buɗe sabuwar shekarar karatu a Japan, saboda haka yaro kan shiga aji ɗaya furen na zuba a kansa. Har a jikin kwabbansu na yen 100 an zana shi. In aka sa wa yarinya Sakura, ana nufin kyau da sabon farawa, kuma sau da yawa a lokacin furen aka haife ta.

Na kuma gano cewa Japanawa na rubuta suna da haruffan da ake kira kanji, waɗanda kowane ɗaya ke ɗauke da ma'ana. Suna ɗaya a baki kan iya zama biyu a takarda. Yuki, alal misali, da wani harafi yana nufin dusar ƙanƙara, da wani kuma farin ciki. Sunayen mata da yawa na ƙarewa da "ko", wato ɗa ko 'ya. Natsuko 'yar lokacin zafi ce, Akiko 'yar kaka. 'Yar Sarkin Japan Naruhito, wadda aka haifa a 2001, sunanta Aiko, wato 'yar ƙauna. Na yi dariya ni kaɗai, don a wurinmu "aiko" sai dai a aiko da kuɗin mota.

Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne su ma a daren bakwai suke raɗa suna. Suna kiran bikin oshichiya. Akan rubuta sunan jariri da tawada a farar takarda a liƙa a bango, dangi su taru su ci abinci. Na isa Kebbe ina jin na zo da babban ilimi.

Gidanmu ya cika da mata. Ana daka, ana tankaɗe, ƙamshin kunun kanwa na tashi daga ɗakin mai jego, an ɗaure rago a gindin darbejiya. Kakarmu na zaune bakin gado da jaririyar a cinya. Da ta gan ni ta ce, "Kishiya, sai yau? Na ɗauka birni ya cinye ki." Muka gaisa, na ɗauki yarinyar, sannan Yaya ta kashe mini ido in fara bayani. Na gyara murya na ce akwai lakabin da muka zaɓa, Sakura.

Kaka ta karkato da kunne. "Mi kic ce?"

"Sakura, Kaka."

"Sa kura? Gidan ga mai awaki za a sa muna kura?"

Ɗakin ya kaure da dariya, har mai jego da ke riƙe da ciki. Ni dai ban karaya ba. Na ba ta labarin furen, da lokacin da yake fitowa, da yadda ake sa wa yarinyar da aka haifa a lokacin. Ta saurare ni har na gama. Sannan ta ce, "To ai mutanen nan suna da hankali. Sun duba abin da Allah ya kawo garinsu ranar haihuwa, sun sa ma ɗiyarsu. Ke kuwa kin taɓa ganin iccen nan? Daren da anka haihi yarinyar ga ruwa anka kwana yi, sai da katangar bayan gida ta zube. Marka ce. Ba sai an tai Japan ba."

Na yi shiru, don gaskiya ban taɓa ganin bishiyar ba sai a waya. Marka kuwa na san ta. Ita ce tsakiyar damina, lokacin da ruwa ke wuni yana zuba, rana ta yi kwanaki ba ta fito ba. A cikinta na shigo gari, laka har idon sawu.

Daren nan ban yi barci da wuri ba. Na zauna da Kaka da wasu gwaggonnina biyu ina rubuta sunayen da suke jero mini. Akwai na ranaku: Ladi, Tani ko Altine, Talatu, Laraba ko Balaraba, Lami, Jummai, Asabe. Akwai na lokaci: Azumi ga wadda aka haifa a watan Ramadan, Tasalla ga ta ranar salla, Marka ga ta tsakiyar damina, Nomau ga namijin da ya zo lokacin noma, Ciwake da Cigero ga waɗanda suka zo ana cin sabon amfani. Akwai na matsayi a gida: Hassana da Husaina, Gambo mai bin tagwaye, Tanko namijin da ya biyo mata, Auta ta ƙarshe. Na duba littafina na ga Japanawa ma suna da Sueko, wato 'yar ƙarshe. Autarsu ke nan.

Sai na tambayi Kaka nata. Duk garin Ayashe tsofaffi ke kiran ta, kuma ban taɓa tambayar dalili ba. Ta daɗe ba ta ce komai ba. "Ɗiya huɗu innata tar rasa kamin ni," in ji ta. "Ba wanda ya kai yaye. Da anka haihe ni sai anka kai ni bisa juji anka aje, kamar ba a so na, wata maƙwabciya ta ɗauko ni. Sunka ce a yashe ta, ko mutuwa ta raina ta ta wuce. Malamai sun hana wannan yanzu, rai na Allah ne. Amma duk wanda ya kira ni da sunan ga, innata nika tunawa. Ga ni yau riƙe da tattaɓa-kunne."

Irin waɗannan sunaye suna da yawa a ƙasar Hausa: Ajuji, Ajefas, Abarta, Barau. Kuma abin mamaki, na ci karo da irinsu a tarihin Japan. Wani babban shugaban yaƙinsu, Toyotomi Hideyoshi, ya daɗe bai samu magaji ba. Da aka haifa masa ɗa a 1589 sai ya sa masa Sute, wato yasasshe, don yaron ya rayu. Yaron ya rasu a 1591. Da aka haifi na biyu a 1593 sai aka kira shi Hiroi, wato tsintacce. Tsakanin Kebbe da Japan akwai dubban kilomitoci, amma tsoron da ke zuciyar iyayen da suka binne ɗa iri ɗaya ne, dabarar da suka yi ma ɗaya ce.

A nan ne maganar ta juyo kaina. Ni ma ina da lakabi, Delu. Tun ina aji ɗaya a makarantar kwana wasu 'yan ɗakinmu suka ji an kira ni da shi ranar ziyara, suka yi ta tsokana ta wai sunan 'yan talla ne. Daga ranar na hana kowa faɗinsa. Ko a jami'a ba ƙawar da ta san shi. Na gaya wa Kaka haka ina dariya, amma ita ba ta yi dariya ba. Ta ce maza uku mahaifiyata ta jera, har ta fara cewa ba za ta samu mai taya ta aikin ɗaki ba. Ranar da aka haife ni, Kaka da kanta ta yi guɗa har muryarta ta dushe. Delu ita ce macen da ta zo bayan maza, wadda aka daɗe ana jira. "Shi kika ɓoyewa?" ta tambaye ni. Shekara takwas ina jin kunyar sunan da ke cewa an yi murna da zuwana.

Da asuba maza suka taru a ƙofar gida. Aka raba goro da dabino, liman ya yi addu'a, aka yanka rago, sanƙira ya ɗaga murya ya shaida wa jama'a: sunan yarinya Asma'u. Daga cikin gida guɗa ta tashi. Wanzami ya zo ya yi mata askin suna. Baffa ya ce ya roƙi mijin Yaya a sa sunan ne saboda Nana Asma'u 'yar Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, wadda aka haifa a 1793 ta rasu a 1864. Ta yi rubuce-rubuce da Larabci da Fulatanci da Hausa, ta kuma kafa tsarin 'Yan Taru, inda take tura mata malamai da ake kira jaji su shiga ƙauyuka suna koyar da mata. Ita ma tagwaye aka haife su da ɗan'uwanta Hassan, amma mahaifinta ya zaɓa mata Asma'u.

Kun ga ke nan Bahaushe suna biyu yake bayarwa. Na yanka yana ɗauke da fatan iyaye, a yi koyi da wata ta gari. Lakabi kuma yana riƙe da labarin ranar da aka zo duniya, kuma yana rufa wa masu alkunya asiri, kamar uwar da ba ta faɗin sunan 'yar fari, ko surukar da aka mayar wa jaririya sunan uwar mijinta. Yau lakabin gargajiya na ja da baya. A ajinmu akwai Amira da Ilham da Hanan da Afnan, sunaye masu daɗi da ma'ana mai kyau, amma ba Marka ko ɗaya, ba Tasalla. Ba laifi ba ne son suna daga nesa. Abin da na ga ya kamata shi ne mutum ya san ma'anar abin da zai ɗauko, ya kuma san abin da zai ajiye kafin ya ajiye shi.

Yaya ba ta sauka daga ra'ayinta gaba ɗaya ba. A wayarta, ƙarƙashin hoton jaririyar, Sakura ta rubuta. Amma kafin la'asar yaran gida duk sun kama Marka, kuma da zan tafi washegari na ji ita kanta tana ce wa ƙanwarta, "Miƙo mini zanen Marka." Kaka ta kalle ni ta ɗaga gira.

Ga aikin da zan ba ku, ƙannena. A hutun nan ku zauna da kakanninku ko wata tsohuwa a unguwa, ku tambaye su abu uku: wa aka mayar wa sunana, wace rana aka haife ni, kuma me ake ciki a gida a lokacin? Ku tambayi nasu lakabin ma, ku rubuta a bayan littafinku. Ma'anar Sakura na same ta a intanet cikin minti biyar. Labarin Ayashe kuwa mutum ɗaya ce ta rage da ta san shi, kuma ta haura tamanin.

Na koma makaranta ranar Alhamis. A ƙofar ɗakinmu akwai takardar da muke rubuta sunayenmu don masu kawo saƙo. Na ɗauki biro na ƙara Delu a gaban nawa.